Albasar da Kakana Ba Ya Kaiwa Kasuwa

A lambun kakana, cikin wata fadama tsakanin Dutse da Kiyawa, akwai fangali biyu a kusurwar gabas da ba a yarda yaro ya sa hannu a cikinsu ba. Ko lawashi ɗaya ka tsinka, ranar sai jikinka ya gaya maka. Sauran lambun duk albasar kasuwa ce. Waɗannan biyun kuwa ta iri ce, wadda ake binnewa da gangan don ta yi fure a tsakiyar hunturu.

Yau in ka ce wa yaron birni albasa tana fure, sai ya zaci zolaya ce. Alhali tana yi. Kara take fitarwa mai rami a ciki, ya miƙe har ya kusa ƙugun babban mutum, ya ɗauko farin dunƙule a ka kamar curin fura, cike da ƙananan furanni masu yawan gaske. Da hantsi, in hazo ya ɗan ɗaga, za ka ji fangalin yana guna saboda zuma da ƙudaje.

Baƙuwa ce a ƙasar nan, sunanta ma ya tona mata asiri. Daga Larabci muka samo shi, basal, kalmar da ta zo a aya ta 61 cikin Suratul Baƙara. Masana tsirrai suna kai asalinta busassun tuddan tsakiyar Asiya, wajajen Iran da Afganistan, kuma Misirawa sun noma ta tun zamanin Fir'aunoni. Wannan asalin shi ya bar mata halinta. A can, tsiro yakan tara abinci a ƙarƙashin ƙasa, ya kwanta shiru har fari ya wuce, sai sanyi ya taɓa shi sannan ya yi fure. Da ta iso ƙasar Hausa sai ta tarar da abin da take nema a darare na Disamba da Janairu. Shi ya sa can kudu, inda babu sanyin kirki, ba ta son ba da iri, mu da ke fama da jaura kuma muka zama masu ita.

Daga ƙasar Hausa kuwa, ba kan albasar ne ya fara yin nisan tafiya ba, ganyenta ne. Ɗanyar albasa nauyi gare ta, ga saurin ruɓa, jaki ba zai kai ta tafiyar wata biyu ba. Sai aka riƙa daka lawashi ana curawa ana shanyawa, ya zama gabu. A ƙarni na 19 fataken da ke zuwa Gwanja sayen goro suna ɗaukar gabu tare da kanwa da tufafi da fatu, su sauke a kasuwar Salaga. Kakata ba ta san Salaga ba, amma har ta rasu ba ta yarda miyar kuka ta haɗu in babu gabu ba.

Aikin irin yana farawa ne tun ranar cirar albasa, wajen Maris ko Afrilu. Kafin a cika buhu ko ɗaya, kakana zai shimfiɗa buzunsa a gindin tarin ya shiga tsinta. Wadda yake nema ja ce sosai, mai tauri, mai siririn wuya da ya bushe ƙayau, ba ƙatuwa ba kuma ba ƙanƙanuwa ba. Mai kaurin wuya ba ta ajiyuwa. Tagwaye ba ya so. Wadda kuwa ta yi gaggawar fitar da kara tun a shekararta ta farko, ko kyauta ba ya karɓa, don 'ya'yanta ma haka za su yi, su bar manomi da kara babu kai. Na taɓa miƙa masa wata shirgegiya ina jiran yabo. Ya juya ta, ya danna wuyanta da babban yatsa, ya ce, "Kai Ɗanbaba, wannan ai irinka ce, girman banza. Kai wa matata ta yi miya." Na ce, "To Kaka, in ce dai ba kishi kake yi ba?" Ya jefo ni da ita.

Waɗanda aka zaɓa sai a baza su a kan rudu, a inuwa, inda iska ke ratsawa. Nan ne wahalar take, domin damina guda za su kwana a wurin, kuma danshi maƙiyinsu ne. Duk mako sai an bi su an fitar da masu ruɓa. Daga nan, in kaka ta yi, farashin albasa ya hau sama, ga biki ga bashi, dillali ya zo yana leƙen rudun yana taya kuɗi mai tsoka. Manomin da ya iya kawar da kai a wannan watan shi ne mai iri. Ba su da yawa ko a da.

In sanyi ya fara leƙowa, ƙarshen Oktoba zuwa Nuwamba, sai a sauko da su. A yanke saman kowace da wuƙa, a barbaɗa toka a wurin yankan, a binne. Kai ɗaya yakan fitar da kara uku ko huɗu, wani ma fiye. Ruwa kuwa da jigo ake ba su, guga bayan guga, tun kafin rana ta fito, hannu na ƙandarewa. Wajen Fabrairu zuwa Maris, in kan furen ya fara tsagewa baƙin ƙwayar ya bayyana, sai a yanke a shanya a kan tabarma, a murje, a sheƙe, a zuba a ƙwarya ko tulu a rufe. Daga iri zuwa iri, rani biyu ke nan.

Kakana ba ya yarda a bar farar albasa ta yi fure kusa da jar tasa. Bai taɓa jin bayanin malaman gona ba, amma ya san zuma tana tashi daga wannan ta sauka a kan waccan, kuma abin da za a haifa ba ja ba fari. A nan ne yake cewa masu karin magana sun faɗi rabi. Gaskiya ne albasa ba ta yi halin ruwa ba, amma halin uwarta ba ta barinsa.

Mu yara mun sha ruɗewa da 'yan uwanta na daji. Albasar kwaɗi tana fitowa a bakin ruwa da damina, da faffaɗan ganye da babban farin fure, kanta kuwa kamar a yanka a miya. Guba ce. Akwai kuma gadali iri-iri da masu magani ke dasawa a tsohuwar tukunya a bayan ɗaki. Abin da aka koya mana bai wuce biyu ba: ganyen albasar ci rami gare shi kamar bututu, kuma in ka murza shi hanci zai ba ka shaida.

Abin ya fara sauyawa bayan farin shekarun 1970. Gwamnatin Audu Baƙo ta gina madatsun ruwa a tsohuwar Jihar Kano, a shekarun 1980 hukumar noma ta jihar, KNARDA, ta yaɗa rijiyar burtsatse ta fadama da ƙaramin injin ban-ruwa, shirin Fadama na Bankin Duniya ya biyo baya. A ranar 27 ga Agusta 1991 Dutse ta zama babban birnin jiha, gonaki suka fara komawa filaye. Ba na kukan jigo, wanda ya ja shi ba zai yi ba. Sai dai mai inji yana noma abin da masu jigo goma ba su iya ba, kuma fangali biyu ba za su ishe shi iri ba. Sai aka koma saye, na gwangwani da na awo a kasuwa.

Ni ma na bi sahu, na kuma sha. Wata shekara na auno iri a hannun wani da ban sani ba, baƙi sil, gwanin kyau. Na zuba, na yi ta ban-ruwa mako biyu, abin da ya tsiro bai kai cikin tafi ba. Tsohon iri ne. Ƙwayar albasa ba ta da dogon rai, in ta haura shekara a zafinmu yawancinta ta mutu, kuma ido ba ya bambancewa. Tun daga ranar, kafin in biya sai na ƙirga ƙwaya ɗari a jiƙaƙƙen tsumma na jira kwana goma.

Mutanen Galmi, tsakanin Birnin Ƙonni da Madawa a Nijar, sun riƙe nasu irin har sunan garinsu ya zama sunan albasa a duk Afirka ta Yamma. Da wani kamfanin iri na Senegal ya nemi a yi masa rajistar mallakar wannan suna, manoma da gwamnatin Nijar suka tashi tsaye, dole ya sake wa nasa suna. Jar albasar kakana ba ta samu mai tsaya mata ba. Shekara biyu bayan rasuwarsa aka sayar da abin da ke kan rudun gaba ɗaya, kuma da hannuna na ɗaure bakin buhun.

In akwai wanda har yanzu yake binne tasa a ƙasar Dutse ko Jahun ko Birnin Kudu, don Allah ya ware mini kai ashirin kafin Nuwamba. Zan zo har lambu in biya.