Gado da Shawara: Asalin Jayayya kan Naɗin Dagatai

Ƙararrakin da ake kaiwa kotu kan naɗin dagaci galibi hujja biyu suke ɗauke da su: wannan ya ce sarautar ta gidansu ce, wancan ya ce shi jama'a suka yarda da shi. Jayayyar ta girmi kotunan zamani. A cikin Kitabul Farƙ, Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya soki sarakunan Hausa kan riƙon mulki ta hanyar gado da fin ƙarfi ba tare da shawara ba. Sai dai bayan jihadin 1804, gado ya sake kafuwa a gidajen masu tuta.

Da Turawan Ingila suka ci Kano da Sakkwato a 1903, sai suka ɗora wa dagaci tattara haraji da jangali a ƙarƙashin hakimi. Daga nan rawanin ƙauye ya koma muƙamin hukuma, masu zawarcinsa suka yawaita. Gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya ƙara sa masarautu ƙarƙashin ikon gwamnatin jiha.

A yau alƙali yakan bincika al'adar gari da ƙa'idar naɗi. Fiƙihu kuwa yana ɗaukar kowace wilaya a matsayin amana, sharaɗinta adalci da iya aiki. Wanda kotu ta tabbatar wa rawani, wannan sharaɗi yana nan a wuyansa.