Vincent Gardenia da Gadon Dandalin Baƙin Italiya a Amurka

Daga cikin sana'o'in da suka girma tare da silima akwai wadda ba a cika ba ta haƙƙinta ba, wato sana'ar ɗan wasan da ba a rubuta sunansa da manyan baƙaƙe a ƙofar gidan kallo, wanda yau zai fito wanzami, gobe ɗan sanda, jibi uban amarya, alhali kuwa da za a zare shi daga labarin, da jarumin kansa ya rasa abokin magana. Mutanen Italiya da suka yi hijira zuwa Amurka sun ba wannan sana'a mazaje masu yawa, kuma a cikinsu babu wanda tarihinsa ya fi bayyana asalinta kamar Vincent Gardenia.

Tsakanin 1880 da 1924 kimanin mutum miliyan 4 suka bar Italiya zuwa Amurka, galibinsu talakawan kudu, daga Napoli da Sisili, waɗanda fatara ta koro. Da yake mafi yawansu ba su jin Ingilishi, kuma da yawa ba su iya karatu ko da harshensu ba, sai dandalin wasa ya zama musu majalisa, inda lebura zai biya 'yan kuɗi kaɗan bayan wahalar mako, ya zauna ya ji ana magana da lafazin garinsu, ana labarin cin amana da kishi da haƙƙin uwa, ya yi kuka, ya yi dariya, ya koma gida zuciyarsa ta yi sanyi. A nan ne Eduardo Migliaccio, wanda ake wa laƙabi da Farfariello, ya shahara da kwaikwayon baƙon da ke fama da baƙunta. A nan kuma Gennaro Gardenia ya kafa ƙungiyarsa ta wasa a Niyok.

An haifi ɗansa Vincenzo Scognamiglio a yankin Napoli ran 7 ga Janairu 1920, aka kawo shi Buruklin yana da shekara 2, ya hau dandali yana da shekara 5 a matsayin yaro mai goge takalma, daga baya ya ɗauki sunan Gardenia irin na mahaifinsa. Bai shiga wata makarantar koyon wasa ba. Ya yi karatunsa ne irin na almajiri a gaban malami, yana kallon manya, ana sauya wasa a kai a kai, har ya san yadda ake riƙe hankalin jama'ar da ba ta ɓoye fushinta in ba ta gamsu ba. Kuma a ganina duk fasahar da aka yaba masa a ƙarshen rayuwarsa, sanadinta yana komawa ga waɗannan darare.

Sai dai wannan dandali ajalinsa ya riga ya kusa tun yaron bai yi wayo ba. Dokar shige da fice ta 1924 ta toshe ƙofar da sababbin baƙi ke shigowa, 'ya'yan da aka haifa a can suka tashi da Ingilishi suka fi son silima da rediyo, sannan Yaƙin Duniya na Biyu ya zo, hukuma ta lasafta Italiyawa kusan 600,000 da ba su da takardar zama 'yan ƙasa a matsayin baƙi na ƙasar abokan gaba, har magana da harshen a bainar jama'a ta zama abin tsoro.

Waɗanda suka riga shi fita zuwa Holiwud sun sami abinci, amma ba su sami daraja gwargwadon iyawarsu ba. Henry Armetta, mutumin Palermo, ya ƙare rayuwarsa yana fitowa wanzami ko mai gidan abinci mai yawan hayaniya. Gino Corrado ya yi ta ɗaukar faranti a finafinai bila adadin, har da Casablanca na 1942, inda Frank Puglia na Sisili ya fito Balaraben kasuwa. Eduardo Ciannelli kuwa, ɗan likita daga tsibirin Ischia, mutum mai murya da kwarjini, in ba a ba shi shugaban 'yan fashi ba, sai a shafa masa launi ya zama shugaban 'yan ta'adda a Indiya, kamar yadda aka yi a Gunga Din na 1939. Wannan zalunci ne ga masu ilimin sana'a, domin an ɗauki lafazinsu aka mai da shi iyakar abin da za su iya zama.

Gardenia bai taka dandali da Ingilishi ba sai 1955, yana da shekara 35, shekarun da wasu ke fara tunanin ajiye sana'ar. Daga nan ya yi ta hawa sannu a hankali: lambar Obie a 1960, ƙaramin matsayi a The Hustler a 1961, lambar Tony a 1972 saboda wasan Neil Simon mai suna The Prisoner of Second Avenue. A 1973 ya fito kocin 'yan ƙwallo a Bang the Drum Slowly tare da Robert De Niro, abin da ya sa daga baya aka sa sunansa cikin masu neman Oscar, a shekarar kuma ya shiga gidajen mutane ta talabijin a shirin All in the Family, yana maƙwabci mai son girki da waƙa. Masu kallo da yawa sun fi tuna shi da Death Wish na 1974, inda ya fito ɗan sandan nan mai fama da mura wanda ke bin sawun Charles Bronson.

Amma inda hakikar mutumin ta fito fili shi ne Moonstruck na 1987. Ya fito Cosmo Castorini, mai gyaran famfo a Buruklin, dattijo mai wadata da riƙon kuɗi, wanda tsoron mutuwa ya sa shi neman wata mace a waje, matarsa kuwa ta sani. A wurin karin kumallo, gaban iyali duka, ta umarce shi ya rabu da ita; ya miƙe tsaye, ya bugi tebur, kowa ya ɗauka aradu za ta faɗi, sai ya zauna ya amsa da kalma guda. Wanda bai tashi cikin irin waɗannan gidaje ba, bai kuma yi shekara 30 yana nuna su ga masu su ba, ba zai san gwargwadon fushin da ya kamata ya nuna da gwargwadon kunyar da zai ɓoye ba. A nan Ba'italiye ya fito mutum cikakke, mai laifi da nadama da mutunci. Cher da Olympia Dukakis, 'yarsa da matarsa a fim ɗin, duk sun karɓi Oscar. Shi kuwa an sa sunansa karo na biyu, lambar ta tafi ga Sean Connery, kuma har yau ina ganin an tauye shi.

Ya sami lambar Emmy a 1990 saboda Age-Old Friends. Duk da haka tsohuwar al'adar ba ta sake shi gaba ɗaya ba, domin wasansa na ƙarshe, Breaking Legs, ya fito ne mai gidan abinci da ke mu'amala da 'yan daba. Yana cikin yawon nuna wannan wasa ciwon zuciya ya same shi a masaukinsa a Filadelfiya, ya rasu ran 9 ga Disamba 1992. Daga baya aka sa wa wani sashe na titi na 16 a unguwar Bensonhurst ta Buruklin sunansa.