Maƙalar Mako: Adamu Halilu da Fim ɗin da Ya Yi Ɓatan Dabo



Duk wanda ya bibiyi tarihin fim a Afirka bayan samun 'yancin kai, sunan da zai fara cin karo da shi shi ne Usman Sembene na ƙasar Sanigal. Marubuci ne da ya fara da littattafai cikin Faransanci, sai ya lura yawancin mutanen da yake rubutu a kansu ba su iya karanta shi. Ya tafi Mosko ya koyi aikin fim, kuma a 1968 ya mayar da wani gajeren littafinsa fim mai suna Mandabi da harshen Wolof.

Mu ma muna da namu, sai dai kaɗan ne cikinmu suka san shi. Shi ne Adamu Halilu, wanda aka haifa a 1936, ya kuma koyi aikin fim a Ingila. Shi bai sha wahalar harshe irin ta Sembene ba, domin ya tarar da adabin Hausa a rubuce. Littafin da ya ɗauka, Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, ya fito ne daga gasar rubutun da Rupert East ya shirya a Zariya a 1933, wadda ta ba mu Ruwan Bagaja da Ganɗoki. Daga baya Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mayar da shi wasan kwaikwayo. A 1976 Halilu ya mayar da shi fim da Hausa, Umaru Ladan ya fito a matsayin Shaihu Umar, aka kuma nuna shi a bikin FESTAC na 1977. Ku lura, wannan ya faru shekara 14 kafin Turmin Danya na 1990, wanda ake ƙirga farkon Kannywood daga kansa.

Labarin ba baƙo ba ne gare mu mutanen Maigatari da Gumel, da muke zaune a bakin iyaka muna ganin fatake da raƙuma a kasuwarmu. Yaro ne aka raba da mahaifiyarsa a zamanin cinikin bayi, aka ƙetare Sahara da shi, ita kuma ta bi sawunsa har ta faɗa bauta.

To me ya faru bayan FESTAC? Sembene ya ci gaba da fim har zuwa Moolaadé a 2004, ana kallonsa a duniya. Shi kuwa fim ɗin Halilu sai ya ɓace, har aka fid da rai. Halilu ya rasu a 2001. Sai a 2016 aka gano faifan fim ɗin cikin ajiyar Hukumar Fina-finai ta Nijeriya, hukumar da shi kansa ya taɓa shugabanta. Cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Balin a 2018.

A tsawon waɗannan shekaru kusan 40, littafin bai ɓata ba ko na rana guda. Ana ta sake buga shi, ana karanta shi a makarantu, yana hannun mutane bila adadin. Fim ɗin kuwa yana kulle wuri ɗaya, ƙura na cinsa.

Wannan ya shafe mu kai tsaye. Yawancinmu a waya muke rubutu, mu saki a Facebook ko WhatsApp. Waya ta faɗa ruwa ko a rufe shafi, aikin shekaru ya tafi, kuma ba wata cibiya da za ta zo daga Jamus ta nemo mana. Don haka duk wanda ya kammala labari, ya adana shi aƙalla wuri biyu, ya buga kwafi a takarda, ya rubuta sunansa da shekara a kai, ya kuma ba wani amintacce ya ajiye.

Allah Ya jiƙan magabatanmu, Ya sa albarka a alƙalumanmu. Sai mun ji ra'ayoyinku.