Dajin Kamuku da Masuntan Mariga: Tarihin Wata Ziyara da Ta Yanke

Wanda ya tashi daga Kaduna ya fuskanci yamma a kan tsohuwar hanyar Legas, idan ya wuce Buruku da Udawa ya ci tafiyar kimanin kilomita 120, zai sauka Birnin Gwari, garin da a yau ba a ambatonsa a jaridu sai tare da labarin tashin hankali, alhali kuwa an yi zamani, ba da nisa ba, da ɗalibai da ma'aikatan gwamnati da baƙi daga ƙasashen ƙetare suke yin sammako zuwa can domin yawon buɗe ido kaɗai, su yini cikin daji tare da ja-gora, su ga duwatsu da ruwa da namun dawa, su tsaya bakin kogi su sayi kifi a hannun masunta, kana su koma gida kafin almuru. Wannan ziyara ta yini guda ta yanke, kuma yankewarta tana da tarihi wanda ya cancanci a tsaya a yi masa tafakkuri.

Shiga wannan daji da ja-gora ba Turawa suka kawo shi ba. Tun zamanin da ayarin fatake ke fita daga Kano zuwa Gwanja neman goro, ɗaya daga cikin hanyoyinsu ta ƙasar Birnin Gwari take bi kafin ta gangara zuwa Kwara, kuma babu ayarin da yake tashi sai da madugu mai riƙe da al'amarin tafiya, da jagaba wanda yake gaba domin ya san zango da mashaya da wurin da 'yan fashi ke kwanton ɓauna. Idan damina ta yi nisa koguna suka kawo, sai a koma hannun masu fito, a biya su haƙƙinsu, su tsallakar da mutane da kaya. Ta wannan hanya Bature Kilafatan ya ratsa a shekarar 1826, a tafiyarsa ta biyu, daga Bussa zuwa Zariya da Kano, ya yada zango a tsohon birnin mai ganuwa. Daga baya, a ƙarshen wancan ƙarni, hare-haren Sarkin Sudan Ibrahim Nagwamatse na Kontagora suka ɗaiɗaita ƙasashen Gwari da Kamuku, garuruwa da yawa suka zama kufai, jama'a suka haye kan duwatsu, daji kuwa ya mamaye gonakin da aka bari, har zuwa lokacin da Turawan Ingila suka ci Kontagora a 1901.

Wannan dajin, wanda rabinsa halitta ce rabinsa kuwa gadon yaƙi, shi ne hukumar En'e ta keɓe a 1936 ya zama gandun daji, shi ne kuma gwamnatin tarayya ta ɗaukaka a watan Mayu na 1999 ya zama Gandun Ƙasa na Kamuku, mai faɗin kimanin murabba'in kilomita 1,120, wanda Kogin Mariga ya raba shi da dajin Kuyambana na Jihar Zamfara.

Tsarin ziyarar, a shekarun da take yiwuwa, bai da wuya. Baƙo zai fara da ofishin gandun a cikin gari, a haɗa shi da ma'aikacin daji, wanda sau da yawa ɗan ƙasar ne, ya tashi a gidan maharba ko makiyaya, sa'an nan a shiga cikin doka da maje da kawo da taura da kaɗanya, inda ciyawa take wuce tsawon mutum a ƙarshen damina, ta kuma ƙone ƙurmus da rani har ido ya iya hangen nesa. Amfanin ja-gora a nan ba nuna hanya ba ne kurum. Mutum ne da zai tsaya cak, ya tsuguna, ya nuna maka sawu a kan yashi ya ce gwanki ne ya wuce da asuba, ba kanki ba, domin ga faɗin kofato ga nauyin taku. Ya murza kashin giwa tsakanin yatsunsa ya gaya maka ko na jiya ne ko ya kwana uku. Ya ji kukan burtu daga nesa ya ba ka labarin yadda kakansa yake ɗaura kan wannan tsuntsu a goshi, ya yi rarrafe yana gyaɗa shi har ya kusanci nama. Daga nan a nufi Goron Dutse, wani babban fa mai santsi da zane-zanen fari da baƙi a jikinsa, a leƙa Tsaunin Rema, inda manyan duwatsu suka hau kan juna remaye na shan hantsi a tsakaninsu, a ƙare da magangarar Dogon Ruwa.

Amma a ganina zuciyar ziyarar tana bakin kogi, domin a nan ne baƙo yake saduwa da mutane, ba da itace da dutse ba. Mariga, wanda yake gangarawa kudu ya zuba a Kogin Kaduna, shi kuma ya zuba a Kwara, kogi ne mai hali biyu: da damina ya cika ya batse har ba mai tunkararsa sai gwanin jirgi, da rani kuwa ya janye ya bar gurabe masu zurfi tsakanin duwatsu da rairayi, kifi ya taru a cikinsu. A kan wannan hali aka gina sana'ar su a nan, kamar yadda aka gina ta a sauran kogunan ƙasar Hausa. Akwai mai kafa undurutu a mashigar ruwa ya dawo da safe ya duba, akwai mai shimfiɗa mamari da ƙugiyoyinsa, akwai mai jefa birgi daga kan kwale-kwale, kuma akwai baƙin masunta, Sarkawa da waɗansunsu, da sukan zo ci-rani su kafa bukkoki a tunga su tashi idan ruwa ya sauko. Abin da ya fi ban sha'awa shi ne al'adar hana gurbi. Sarkin Ruwa zai ɗora wa gurbi doka, ba mai sa koma a cikinsa watanni, har kifi ya yi ƙwai ya girma. In lokaci ya yi a yi shela a kasuwanni, ranar kuwa ka ga maza sun yi sahu a gaɓa, kowa da homa biyu da gora, suna jiran izini, da an ba da shi su afka gaba ɗaya, ruwa ya gauraye da laka, a yi ta fito da tarwaɗa da karfasa da ƙurungu da ragon ruwa, mai tsautsayi ya damƙi minjirya ya saki da ihu. A tudu kuwa mata sun riga sun hura wutar banda, suna lanƙwasa tarwaɗa suna soke wutsiya a baki kafin su jera a kan waya. Wannan al'ada ce Argungu ta mayar da ita biki tun 1934, har duniya ta san ta; ƙananan kogunanmu suna da irinta, sai dai ba su sami mai yi musu shela ba.

A nan ne labarin wata ƙasa mai nisa yake da fa'ida. Mutanen Japan suna da irin wannan ziyara ta yini guda, inda ake ɗaukar baƙi daga manyan birane zuwa gaɓar teku da ƙauyukan masunta na gargajiya. Ɗaya daga cikin waɗanda suka shahara a cikinsu shi ne Ine, a arewacin lardin Kiyoto, inda gidaje kimanin 230 suka jeru a bakin ruwa, ƙasan kowane gida ma'ajiyar jirgi ce da teku ke shiga cikinta, samansa kuwa ɗaki. A 2005 hukuma ta sa unguwar cikin jerin wuraren tarihi da ake kiyayewa, ba tare da ta tashi kowa daga gidansa ba. Haka kuma gandun ƙasa na Ise-Shima, wanda aka kafa a 1946, fiye da kashi 90 cikin 100 na ƙasarsa mallakar mutane ce, ba ta gwamnati ba, kuma matan da suka gaji nutso cikin teku ba da tukunyar iska ba suna nan suna sana'arsu, baƙi na zama a bukkokinsu suna cin abin da suka kamo. Dokar su ta 1949 ta danƙa haƙƙin ruwan gaɓa a hannun ƙungiyoyin masuntan kowane yanki, su ne masu cewa ga lokacin kamu ga lokacin hani. Ashe abin da baƙo yake biyan kuɗi ya gani a can, Sarkin Ruwa ne da aka bar masa sarautarsa.

Mu kuwa tafarkin da muka gada daga Turawan mulki daban ne, domin ya ginu ne a kan zaton cewa daji ba ya tsira sai an fitar da mutane daga cikinsa. Aka ja iyaka, maharbi ya zama ɓarawon nama, makiyayi ya zama mai kutse, masunci ya zama wanda ake kora, alhali su ne ma'abota ilmin wurin. Ba na musun cewa keɓe daji maslaha ce. Fuƙaha'unmu sun san hurumi tun zamanin Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, da ya keɓe Naƙi'u kusa da Madina, Sayyidina Umaru kuma ya keɓe Rabaza, amma sun sharɗanta cewa hurumi na amfanin jama'a ne, ba a yinsa ta yadda zai ƙuntata wa talaka. Dajin da ya fi murabba'in kilomita dubu, aka bar wa ma'aikata ƙalilan marasa isassun motoci da makamai, aka kuma raba shi da idanun maƙwabtansa, ba zai zauna babu mai shi ba.

Haka kuwa aka yi. Ɓarayin shanu suka fara mayar da Kamuku da Kuyambana maɓoya, har gwamnonin jihohin da ke kewaye suka haɗa kai da soja aka kai musu farmaki a 2015. Abin ya lafa, ya sake tashi da muni, ya koma satar mutane da ƙone garuruwa. A watan Mayu na 2018 aka afka wa Gwaska aka kashe mutane da dama a yini ɗaya, Allah ya jiƙansu. Hanyar Kaduna ta zama sai da rakiyar soja, manoma suka bar gonaki, masunta suka bar tungaye, masu haƙar zinariya kuma, wadda aka san ƙasar da ita tun zamanin Turawa, suka yi ta wanke ƙasa a rafuka suna gurɓata ruwan da kifi ke hayayyafa a ciki. Mai Martaba Sarkin Birnin Gwari, Malam Zubairu Jibril Mai Gwari na Biyu, ya sha ɗaga murya a kan halin da talakawansa suke ciki a waɗannan shekaru.

A ƙarshen 2024 gwamnatin Jihar Kaduna ta yi sulhu da waɗansu daga cikin masu ɗauke da makamai, aka sake buɗe kasuwar shanu ta Birnin Gwari bayan shekaru tana rufe, motoci suka koma bin hanya. Ina fatan Allah ya ɗorar da wannan. Idan har ya ɗore, aka zo maganar sake buɗe gandun ga baƙi, to abin da ya fi gaggawa ba gyaran masauki ba ne, neman mutanen ne: tsofaffin maharba da suka san mashayar giwa, da Sarakunan Ruwa da suka san sunan kowane gurbi a Mariga da watan da ake hana shi, waɗanda da yawansu yanzu suna zaman gudun hijira a cikin gari ko a Kaduna, 'ya'yansu sun tashi ba su taɓa jefa birgi ba. Ya kamata masarauta da hukumar gandun su tara su, a rubuta abin da suka sani, a ba su gurabensu da izini a rubuce, a kuma ɗauki ja-gorori daga cikin 'ya'yansu da albashi.