Jadallah Jubara da Almakashin Majigi

Jama'a masu saurare, na ruga da na kasuwannin kan iyaka, yau hirarmu a kan majigi ce, da mutumin da ke yanka fim ya haɗa.

Ku tuna, bayan yaƙin Burmi a 1903 ne Muhammadu Bello Mai Wurno ya yiwo gabas da jama'arsa, suka kafa garin Mai Wurno a bakin kogin Nilu, kusa da Sinnar. Da aka gama madatsar Sinnar a 1925, Hausawa da Fulani suka zama ƙashin bayan tsinkar audugar Jazira.

A 1949 Turawan mulki suka kafa sashen shirya fim na Sudan. Mota kan shiga ƙauye da magariba, a kafa farin ƙyalle, a haska hoto. Cikin ma'aikatan sashen akwai Jadallah Jubara, wanda aka haifa a 1920. Yana cikin waɗanda suka ɗauki hoton bikin 'yancin kai ran 1 ga Janairu, 1956. Daga baya ya buɗe ɗakin shirya fim nasa a Khartum, ya yi fim ɗin "Tajuj".

To, ɗauka daban, haɗawa daban. Fim na wancan zamani doguwar igiya ce, hoto 24 ke wucewa a daƙiƙa guda. Mai haɗawa zai ɗaga ta a haske, ya datse nan, ya manna can. Kamar mai ware shanun da za a kai kara ne: wadda ya ware ita kasuwa ke gani. Abin da almakashi ya zubar ƙasa, jikoki ba za su gan shi ba.

Da idon Jadallah ya tafi a tsufansa, 'yarsa Sara ta zama idonsa, suka ci gaba da aiki. A 2008 aka rushe ɗakin, shi ma ya rasu a shekarar. Allah ya sa an ceto fina-finai da dama, wata cibiya ta Balin a Jamus ta taimaka aka juye su a kwamfuta.

Yanzu yaƙin da ya ɓarke a Afrilun 2023 ya tarwatsa ƙauyukan Jazira da Sinnar, almakashin kuma ya dawo cikin wayarka. Kafin ka goge hoto don neman wuri, dakata tukuna. Ɗauki muryar kakarka tana lissafa zangon da suka bi daga yamma, ka tura wa ɗan'uwa a ƙetaren iyaka ya ajiye.