Yadda Ake Tsaftace Rigar Sanyi ta Ulu da Adana Ta a Gida

Daga Disamba zuwa Fabrairu, manomin rani mai fita ban ruwa da asuba a Kadawa ko Bakolori, da makiyayi, da mai noman dankalin Turawa a Jos, duk sun san darajar rigar sanyi mai kauri. Yawancin rigunan kwat na ulu da ke hannun jama'a daga gwanjo suke fitowa, irin na kasuwar Ƙofar Wambai a Kano ko Katako a Jos. Mai kyau daga cikinsu za ta yi maka shekaru, amma wanki ɗaya na ganganci ya isa ya mayar da rigar magidanci ta koma ta yaro. Dalili kuwa shi ne ulu gashin dabba ne, ba a yi masa wankin atamfa ko shadda.

Mene ne ulu?

Ulu gashin tumaki ne da ake sausayewa a kaɗa shi ya zama zare. Tumakinmu na Arewa, wato Yankasa da Uda da Balami, gajeren gashi gare su, ba a samun ulu a jikinsu. Ulu mai laushi ya fi fitowa daga tumaki irin su Merino, waɗanda aka fi kiwo a Ostareliya.

Kowane silin ulu yana da ƙananan ɓawo a jikinsa kamar na kifi. Idan ya haɗu da ruwan zafi da sabulu mai ƙarfi da cuɗa, ɓawon nan sai su sarƙe da juna, rigar ta ƙanƙance ta yi tauri. In hakan ta faru, to ta faru ke nan, babu gyara.

Ka fara tabbatarwa ulu ne

Ba kowace riga mai kauri ce ulu ba, da yawa zaren roba ne. In takardar da ke wuya ko gefen ciki ta goge, ka zaro ɗan zare daga cikin ɗinki ka kusantar da shi ga ashana. Ulu yana warin ƙonannen gashi, kamar na babbakar kan rago, wutar takan mutu da kanta, tokar kuma tana murƙushewa da yatsa. Zaren roba narkewa yake yi ya dunƙule ya yi tauri.

In takardar tana nan, ka duba alamominta:

• Baho da hannu a ciki: a wanke da hannu kawai.
• Baho da lamba 30: kada zafin ruwan ya wuce digiri 30.
• Baho da aka soke da giciye: kada a tsoma ta a ruwa.
• Da'ira: sai masu wankin zamani da ba na ruwa ba.
• Dutsen guga mai ɗigo biyu: matsakaicin zafi, kada ya wuce digiri 150.

Kulawar yau da kullum

Rabin aikin duk a nan yake. Ulu ba ya riƙe wari kamar zaren roba, don haka wanki ɗaya a ƙarshen hunturu yakan wadatar.

In ka dawo daga gona, ka kakkaɓe ƙura, ka tsince ƙarangiya da hannu, sannan ka bi rigar da buroshi mai laushi daga kafaɗa zuwa ƙasa. Ka zazzage aljihu, domin guntun goro ko ƙwayar hatsi na jawo ƙwari da ɓera. Ka rataye ta a hanga mai faɗi inda iska ke ratsawa, ba a kan ƙusa ba, don ƙusa na ɓata wuya. Ka riƙa sa wata riga a ciki saboda gumi.

In raɓa ko ruwa ya jiƙa ta, ka bar ta ta bushe a inuwa. Ulu na iya shan damshi har kusan kashi 30 cikin 100 na nauyinsa ba tare da ka ji shi a jiƙe ba, saboda haka kar hannu ya yaudare ka ka ninke ta da wuri.

Cire tabo

Tabo ɗaya ba ya sa a wanke riga gaba ɗaya. Ka riƙa danna wurin da tsumma mai tsabta, daga gefen tabon zuwa tsakiya, ban da dirza.

• Laka ko kashin shanu: ka bari ya bushe sarai, ka kankare a hankali, ka goge da buroshi, sannan ka bi da tsumma mai ɗan ruwan sabulu.
• Jini, nono ko ƙwai: ruwan sanyi kawai. Ruwan zafi dafa su yake yi su kama zare.
• Manja, man gyaɗa ko baƙin man injin ban ruwa: ka barbaɗa hoda ko garin sitaci, ya kwana yana tsotse man, da safe ka goge. In da saura, ka maimaita.
• Shayi ko goro: ruwan khal fari da ruwa, daidai wa daida. Ka fara gwadawa a ɓoyayyen wuri ka ga ko launi zai zuba.

Wanki da hannu

Wannan na rigar da alamarta ta yarda da ruwa ne. Kwat mai soso a kafaɗa da shafi a ciki sau da yawa an manna mata wani yadi da gam daga ciki. In ta sha ruwa sai gaban ya kumbura ya yi ƙuraje, shafin kuma ya zarce. Irin wannan, buroshi da cire tabo sun ishe ta. Da muguwar rawa gwamma ƙin tashi.

1. Ka zuba ruwa a babban baho, mai sanyin ruwan randa ko wanda bai kai ɗumin jiki ba.
2. Ka narkar da cokali 1 zuwa 2 na shamfu mai sauƙi, irin na jarirai, ko sabulun ruwa da aka yi don ulu.
3. Ka sa maɓallai, ka juya rigar ciki ya koma waje, ka nutsar da ita na minti 10.
4. Ka riƙa dannawa da tafin hannu. Ban da cuɗa, ban da bugu, ban da murɗawa.
5. Ka ɗauraye sau biyu ko uku da ruwa mai sanyi iri ɗaya da na farko. Sauya ruwa daga ɗumi zuwa sanyi farat ɗaya shi ma yana sa ta ƙanƙance.
6. Ka tallabo ta da hannu biyu, ka shimfiɗa a kan tawul, ka naɗe kamar tabarma, ka danna ruwan ya fita.
7. Ka shimfiɗa ta kwance a busasshen tawul a cikin ɗaki, ka daidaita kafaɗu da hannuwa, ka riƙa juyawa. Kada ka rataya jiƙaƙƙiyar riga a igiya, nauyin ruwa zai ja ta. Kada ka kai ta rana ko bakin murhu.

Abubuwan da ba sa taɓa ulu su ne omo, sabulun soda, sabulun salo, kanwa da toka, domin kaifinsu na cin zaren. Ruwan bilic kuwa narkar da shi yake yi ƙurmus. In ba kai ke wankin ba, ka yi wa uwargida ko yaron da ke wanki bayani tun kafin rigar ta shiga baho.

Wajen guga, ka ɗora farin ƙyalle mai ɗan damshi a kai, ka riƙa ɗora dutsen kana ɗagawa. In na gawayi ne, ka bari ya ɗan huce, ka kuma kula da tartsatsi.

Adanawa bayan hunturu

Babban maƙiyin ulu shi ne asu. Ba mai tashin ba ne ke ɓarna, tsutsarsa ce. Macen takan saka ƙwai kusan 40 zuwa 50 a wuri mai duhu, tsutsar ta fi son inda gumi ko abinci ya taɓa, kamar wuya da hammata da bakin hannu. Shi ya sa ba a ajiye riga da datti.

Dabarar ɗaya ce da ta adana wake: a tsaftace, a busar, a kashe ƙwarin da ke ciki, a rufe. Ka sa busasshiyar rigar a baƙar leda ka ɗaure, ka ajiye a tsakar rana ta watan Maris na wasu awanni. Zafin da ya haura digiri 50 na tsawon rabin awa yana kashe ƙwai da tsutsa. Haka za ka yi wa rigar da ka sayo daga gwanjo kafin ta haɗu da sauran kaya.

Bayan ta huce ta sha iska, ka ninke ta a akwati mai murfi ko sabon buhun PICS da bai taɓa ɗaukar hatsi ba. Ka ƙulla busasshen ganyen darbejiya a tsumma ka sa a gefe. Ka ɗora akwatin a kan katako, nesa da bango, saboda damshi da gara. Da tsakiyar damina ka buɗe ka duba, in ka ji warin fumfuna ka fitar ta sha iska ranar da gari ya washe.

Gargaɗi biyu

Kafur yana korar asu, amma guba ne. Kada ya kusanci kayan jarirai, domin yana iya fasa ƙwayoyin jinin wasu jarirai ya jawo musu shawara mai tsanani. Ka ajiye shi inda yara ba za su ɗauka a zaton alewa ba.

Na biyu, kada ka fesa wa riga maganin ƙwari na gona, kuma kada ka sa rigar ulu ranar feshi, komai sanyi. Ulu yana tsotse magani, ga shi ba ya jure irin wankin ruwan zafi da omo da kayan feshi ke buƙata. In maganin da ba a sirka ba ya zube mata, kar ka wanke, kar ka ba wa wani. Ka yayyaga ta ka zubar kamar yadda ake yi da kwalbar maganin. Riga ana sayen wata, lafiya kuwa ba ta gwanjo.