Laifin Bibiyar Mutum da Hukuncinsa

Bibiya, a ma'anarta ta shari'a, ita ce mutum ya takura wa wani da bin sawunsa, ko kiran wayarsa, ko tsayuwa a ƙofar gidansa, ko aika masa saƙonni da kyaututtuka, ya yi ta maimaitawa alhali an nuna masa ba a so, har wanda ake bi ya shiga fargaba ya rasa sakat. Wuyar wannan laifi ita ce kowane aiki daga cikinsa, idan aka ware shi, halal ne. Ba a kama mutum don ya tsaya a bakin titi, ko don ya aika wasiƙa. Maimaitawar ce, da tsoron da take haifarwa, ke mayar da su laifi, shi ya sa dokoki da yawa ke neman a tabbatar abin ya faru aƙalla sau biyu. Galibin waɗanda ake bibiya mata ne, kuma mai bin yawanci ba baƙo ba ne, sau da yawa tsohon miji ne ko saurayin da aka rabu da shi.

A Amurka, jihar Kalifoniya ce ta fara kafa dokar a 1990, bayan wani kisan gilla. A ranar 18 ga Yulin 1989, wani saurayi mai suna Robert Bardo ya danna ƙararrawar gidan Rebecca Schaeffer, 'yar wasan talabijin mai shekara 21, a birnin Los Anjelis, ya harbe ta a bakin ƙofa. Ya shafe shekaru yana rubuta mata wasiƙu, kuma adireshin gidan ya same shi ne ta hannun mai bincike da ya biya, wanda ya ciro shi daga ofishin rajistar motoci. Cikin 'yan shekaru sauran jihohin suka yi tasu dokar, a 1994 aka taƙaita fitar da bayanan direbobi, a 1996 kuma gwamnatin tarayya ta haramta tsallaka iyakar jiha don bibiyar wani. Hukuncin tarayya hawa-hawa ne: ɗaurin da zai iya kai shekara 5, ko 10 idan an yi amfani da makami ko an yi mummunan rauni, ko 20 idan raunin ya nakasa kamannin mutum ko ya kusa kashe shi, ko rai da rai idan an mutu.

Labarin Japan ya fi ciwo, domin can sakacin hukuma ne ya fito fili. Shiori Ino, ɗalibar jami'a, ta kai ƙarar tsohon saurayinta da mutanensa wurin 'yan sanda, aka yi biris da ita, har wasu jami'ai suka sauya abin da ke cikin takardar ƙarar. A Oktoban 1999 aka caka mata wuƙa da rana tsaka kusa da tashar jirgin ƙasa ta Okegawa. Dokar ta fito a shekarar 2000, kuma an yi ta gyara ta yayin da masu bibiya ke sauya dabara. Gyaran 2021 ya haramta maƙala wa motar mutum na'urar GPS ba da saninsa ba. Wannan tsari, a jira sai an rasa rai kafin majalisa ta motsa, ya maimaitu a ƙasashe da dama, kuma abin kunya ne ga masu yin doka.

A Ingila da Wales dokar hana tsangwama ta 1997 ce ke aiki, sai a 2012 aka ambaci bibiya da sunanta. Ƙaramin mataki ɗaurin wata shida ne. Wanda ya haɗa da tsoron a kai hari ko tsananin damuwa yana kai shekara 5 a da, aka ninka shi zuwa 10 a 2017. Tun 2020 'yan sanda na iya neman kotu ta ba da umarnin kariya kafin a kai ga shari'a, kuma karya shi na iya jawo shekara 5. Jamus ta shigar da laifin a sashe na 238 na kundin laifukanta a 2007, da ɗaurin da zai kai shekara 3. Indiya ta yi tata a 2013: shekara 3 a karon farko, 5 ga wanda ya sake. Koriya ta Kudu sai 2021.

A Najeriya dokoki biyu ne suka taɓo batun, duka na 2015. Dokar hana cin zarafin mutane, wadda aka fi sani da VAPP, ta tanadi ɗaurin da bai wuce shekara 2 ba, ko tarar da ba ta wuce naira 500,000 ba, ko duka biyu. Asali a Abuja kaɗai take aiki, sai jihar da majalisarta ta amince da ita. Ta kuma ba kotu ikon hana mai bibiya kusantar wanda yake bi, kuma wannan umarni ya fi tarar amfani ga macen da ke tsoron fita kasuwa.

Ta biyun ita ce dokar laifukan intanet, wadda sashenta na 24 ya ɗora shekara 3 ko naira miliyan 7, da shekara 10 ga saƙon da ke barazana ga rai. Sai dai kalmomin sashen sun yi faɗi, har da saƙon da ya ɓata wa mutum rai ko ya zage shi, don haka aka riƙa gurfanar da 'yan jarida da masu sukar manya da shi, dokar da aka yi don kare mai rauni ta koma sandar dukansa. Kotun ECOWAS ta yanke a 2020 cewa sashen ya saɓa wa 'yancin faɗar albarkacin baki, ta sake faɗin haka a 2022. A Fabrairun 2024 aka gyara shi, aka taƙaita shi ga saƙon batsa da ƙaryar da aka yaɗa da gangan don tayar da fitina ko jefa rayuwa cikin haɗari.